Sunan da Armiya'u Ba Ya Faɗa

Rana ta yi ja tana shirin faɗuwa Armiya'u mai faci ya shigo gida yana huci, ko sallamar kirki bai yi ba, ya ce da 'yarsa ta miƙo masa wayarta.

Abin da ya hasala shi ba wani abu ba ne, dara ce. Armiya'u gwanin dara ne na ƙin ƙarawa. Daga ƙauyensu da ke kan hanyar Zurmi zuwa Gurbin Bore har Kasuwar Daji, ba wanda zai tona gurbi a gabansa ya tashi da dariya. To sai zamani ya zo da nasa iyayin, aka kwashe dara daga ƙasa aka zuba ta cikin waya. Kowane ɗan ƙwal uba ya buɗe akawun, ya saka suna da hoto, yana buga wasa da mutumin da bai taɓa gani ba. Wani Nuhu mai albasa na Shinkafi, wanda Armiya'u ya sha lallasawa har ya daina zuwa inda yake, shi ne wai ya zama zakara a can. A ranar da la'asar aka kunna saƙon muryar Nuhun a majalisa. Cewa ya yi darar Armiya'u tonon kaza ce, in ya haifu ya buɗe akawun kafin isha'i su gwada. Majalisa ta kwashe da dariya, har da waɗanda Armiya'u ke liƙe wa taya kyauta.

Ita kuwa wayarsa 'yar ƙarama ce mai madannai, kira da tocila kawai ta iya. Babbar waya a gidan ta 'yarsa ce ta fari, wadda ke karatu a Kaura Namoda ta zo hutu. Sunanta na yanka Rekiya, sunan mahaifiyar Armiya'u aka mayar mata. Don haka tun ranar suna bakinsa bai taɓa furta shi ba, Ummi yake ce mata. Ko ranar da ya kai ta firamare, maƙwabci ya ja ya je ya faɗa wa malamin sunan, shi yana tsaye yana kallon bango.

Yarinyar ta ce wasan yana cikin wayar, ƙawayenta suka saka mata, ba ta ma taɓa buɗe shi ba.

"Amma Baba, magariba ta kawo jiki. Ka bari da sahe in buɗe maka da kaina."

"Da sahe? In kwana da dariyar mai albasa bisa kaina? Miƙo ta nan."

Matarsa Yalwa ta leƙo daga madafi tana fifita hayaƙi. "Malam, tudun nan hwa ba a zama nai da almuru."

"Ke ji da tuwonki."

Tun da ƙarfen sabis na yankin ya lalace, wuri ɗaya ake samun sabis a ƙauyen, wato tudun tsohuwar marina da ke bayan gari. Ramukan rinin sun ƙafe tun ba a haifi Armiya'u ba. Ƙasa ta cike mafi yawansu, saura ɗaya mai zurfi da ya ƙi cikewa. Da rana tudun kamar kasuwa, kowa ya ɗaga waya sama kamar mai roƙon ruwa. Da rana ta karkata kuwa, kowa yake saukowa ba tare da an ce masa sauko ba.

Ya ratsa ta gonakin gero yana masifa shi kaɗai. A hanya ya yi karo da Ɗanasabe mai shayi yana saukowa, ya tambaye shi yanzu zai hau mutane na sauka? Armiya'u ya ce in tudun na ubansa ne ya sa masa ƙofa.

Ya zauna a kan dutsen da marina ke buga tufa a da, ya juya wa buɗaɗɗen ramin baya. Karatun bokonsa na kansa ne, a jikin kwalin kayan faci ya koya, don haka a hankali yake bin rubutu, da yatsa. Wasan ya nemi lambar waya, ya saka. Aka ce ya jira wasu lambobi za su shigo ta tes. Ya jira. Sabis ya ɗauke. Ya zagi sabis, ya zagi masu sabis, ya zagi Nuhu da albasarsa. Ya miƙe tsaye ya ɗaga wayar sama, tes ya shigo, kafin ya gama kwafe lambobin aka ce sun mutu, a sake. Ya ce yau ga jaraba, lamba ma mutuwa take yi.

A karo na gaba ya dace. Sai aka zo wurin suna.

Wayar ta riga ta cike wurin da kanta: Rekiya Armiya'u. Ya ji kamar an watsa masa ruwa a fuska. Ya sa yatsa zai goge, yatsan mai faci kauri gare shi, ya danna nan ta buɗe can. Ya sake gwadawa, hoton yarinyar ma ya hau. Rana ta kusa nutsewa, sandar sabis ɗaya ce tana rawa. Zuciya ta ɗebe shi, ya ce ko ma wane suna ne, dara dai hannu ke buga ta. Ya danna ci gaba.

Wata muryar mace ta fito daga wayar, tas, da ƙarfi, a kan tudun da ba kowa: "Barka da zuwa, Rekiya."

Ya waiga da sauri, kunya ta kama shi kamar an kira sunan tsohuwarsa a kasuwa.

Geron da ke kaɗawa ya tsaya cak. Bai kula ba.

Saura abu ɗaya, wai ya ɗauki gaisuwa da muryarsa, wadda duk abokin wasa zai ji. Nan fa aka zo gidansa. Ya danne madannin ya buɗe maƙogwaro. Ya ce wa Nuhu ragon banza, mai warin albasa, wanda ko a ƙasa ko a waya ko a lahira shi ne ubangidansa a dara. Ya ce duk wanda ya isa, mutum ne ko ba mutum ba, ya fito ga fili ga mai doki. Ya saki madannin yana haki.

Maƙogwaronsa ya bushe ƙamas.

Nan take wayar ta yi ƙara. Rubutu ya fito: wani da ke kusa da kai yana son wasa. Ba suna, ba fuska, wurin hoton shuɗi ne mai duhu. Armiya'u ya ce a ransa Nuhu ne ya ɓoye fuska don tsoro. Bai tsaya ya tuna cewa Shinkafi ba kusa ba ce. Ya amsa.

Sannan ya ji warin.

Warin baban rini ne, wanda aka jiƙa da toka ya kwana ya yi kumfa. Wari mai nauyi, mai hawa kai. Rabon da a jiƙa baba a tudun nan, tun zamanin kakansa.

Ya ajiye ɗan dararsa na farko a gilashin wayar. Abokin wasan ya ajiye nasa. A daidai lokacin, a bayansa, a ƙasa, wani ɗan dutse ya faɗa gurbi. Ƙwas.

Ya ajiye na biyu. Ƙwas.

Bai waiga ba. Gumi ya tsatstsafo masa a ƙeya.

Daga cikin ramin ruwa ya motsa, irin motsin da yake yi in an juya shi da sanda. Ramin da ya san ƙura ce kawai a cikinsa da ƙashin akuya.

"Ragon banza," in ji wani a bayansa, ƙasa-ƙasa. "Mai warin albasa."

Muryarsa ce. Tasa ta kansa, har da 'yar shaƙewar da take yi in ya fusata.

Ko a haka sai da zuciyarsa ta motsa. Ya buɗe baki zai tambayi wane ɗan iska ne ke kwaikwayonsa. Iska ce kawai ta fito. Ya nemi a'uziyya, leɓe na motsi, ba sauti. Ji ya yi kamar ana zare zare daga maƙogwaronsa ana naɗewa a cikin ramin.

"Mutum ne ko ba mutum ba," in ji muryar. "Ga ni."

Sai ta fara gwada wani abu, a hankali, kamar yaro mai koyon magana.

"Re... Reki..."

Muryar ta sake gwadawa.

"Rekiya."

Wannan karon ta fito daidai. Sunan da bakinsa bai taɓa faɗa ba, ga shi da muryarsa.

Ya zabura zai tashi, wani abu ya cafke wuyan hannunsa mai riƙe da wayar. Sanyi ƙarara. Jiƙe sharkaf. Yatsun dogaye, sun zagaye hannun sun ninka. Aka ja shi baya, ya zame daga kan dutsen, dugadugansa na tirjiya a ƙasa, bakin ramin na matsowa. Fuskar 'yarsa na haske a gilashin wayar.

Ya buɗe tafin hannu ya saki wayar.

Haskenta ya yi ta tafiya ƙasa, ya yi ta tafiya. Can ya ji tsulum.

Aka sake shi.

Yana kwance rub da ciki wani abu ya wuce ta gefensa. Bai ga jiki ba. Gero ya gani yana darewa biyu, layi ɗaya miƙe, ya nufi gari.

Ya san inda za shi. Kowa a ƙauyen ya san ƙa'idar, tun yana goye ake gaya masa: in an kira ka da almuru ba ka ga mai kira ba, kada ka amsa. Wanda ya amsa ya ba da kansa. To amma wace 'ya ce uba zai kira ta ta yi shiru?

Ya tashi da gudu. Takalmi ɗaya ya fita, bai tsaya ba. Ganyen gero na yankar fuskarsa. Ya faɗi, ya tashi. Yana ihu, ba abin da ke fita.

Tun daga bakin lungu ya jiyo kansa.

"Rekiya. Taho ki buɗe min."

A ƙofar zaurensa. Ba kowa a wurin, sai danshi baƙi da ya malale a dokin ƙofa, da warin nan.

Bai yarda ya bi ta zauren ba. Ya zagaya ta baya, ya kutsa ta kafar da awaki ke shiga, ƙaya na tsaga masa riga. Yana rarrafe ya jiyo Yalwa daga madafi.

"Ke, ba ki jin ubanki na kira?"

Yarinyar na tsaye tsakar gida da buta a hannu. Ta yi taku ɗaya wajen zaure.

"Rekiya." Muryar ta fara zafi, irin zafin da duk gidan suka sani. "Ba magana nike miki ba?"

Armiya'u ya ɗaga hannu daga cikin turken awaki. Ba ta gan shi ba. Ya buɗe baki zai kira ta da sunan da ya saba. Ko tari bai fito ba.

Ta tsaya. Ruwan butar na zuba a ƙafarta.

"Inna," ta ce da raɗa, "wanga ba Baba ba ne."

"Kamar ya ba shi ba ne? Ga murya tai."

"Yaushe Baba yat taɓa hwaɗin sunan ga?"

Muciya ta suɓuce daga hannun Yalwa.

Aka doki ƙofar zauren, sau ɗaya, har ƙasa ta zubo daga azara. Muryar ta tashi da ƙarfin da Armiya'u bai taɓa kaiwa ba duk masifarsa. Ta kira sunan. Ta sake kira. Ta zagi gidan, ta zagi masu gidan. Yarinyar ta toshe bakinta da hannu biyu, ta durƙusa, hawaye na bin yatsunta.

Ba ta amsa ba.

Ladan ya ɗaga murya daga masallacin unguwa. Kiran da ake yi a ƙofar zauren ya tsinke a tsakiyar suna. Warin ya ja baya a hankali, kamar ruwa na tsanyewa.

Sai a lokacin suka ga mai gidan a cikin awaki, ƙafa ɗaya ba takalmi, wuyan hannunsa da zoben shuɗi kamar an tsoma shi a rini.

Muryar Armiya'u ta dawo bayan an sha rubutu da tofi, amma raɗa ce ta dawo. Mutumin da ake jin faɗansa daga bakin titi, yanzu sai ka kai kunne kusa da bakinsa. Shuɗin bai fita ba, ya goge shi da sabulu, ya goge da fetur. Nuhu mai albasa ya zo dubiya daga Shinkafi, jikinsa a sanyaye, ba tsokana. Ya ce shi ya cire wasan daga wayarsa, don kullum da almuru wata Rekiya ke gayyatarsa, in ya duba sai ya ji Armiya'u na zaginsa garau, da zagin da ba ya cikin gaisuwar farko.

A gidan kuwa an yi sabuwar doka, ba wanda ya kafa ta da baki. In rana ta yi ja, ba mai ambaton Ummi, ko a hira, ko tana can Kaura. In tana gida uban na son ta, tafi yake yi. Abin ya riga ya san suna ɗaya, kuma har yanzu yakan zo bayan katanga ya gwada shi. Ba su so ya ji na biyun.