Fim ɗin Odile

Da faɗuwar rana Armel Vasseur ya gangara ɗakin aikinsa da ke ƙarƙashin gidan burodi a garin Montreuil, don ya yi wa fim ɗinsa kallon ƙarshe kafin a haska shi washegari. Fim ɗinsa, in ji shi. Minti tara ne, kan abin da ke yawo a zuciyar wanda barci ya ƙaurace wa. Maƙwabciyarsa Odile ce ta ɗauke shi, mace mai gudun taro, ba wanda ya san ta. Bara ta rasu. Shi kuwa ya sa allura ya kankare sunanta daga zaren fim ɗin, ya rubuta nasa. To, mene ne? Ba shi ya riƙa riƙe mata fitila ba? Wa ya taɓa ce masa sannu?

Ɗakin na warin tsami. Ya kunna na'urar haska fim. Kar-kar-kar. Hotuna suka bayyana a bango: taga, ruwan sama, idon doki.

Sai wani hoto da bai sani ba: ƙeyar mutum zaune cikin duhu, sanƙo kamar faranti.

"Wane mummuna ne wannan?" Ya shafa kansa. Na jikin bango ma ya shafa.

Warin tabar Odile ya iso.

"Armel," aka raɗa masa. "Tsohon ɓarawo. Daina motsi, kana ɓata mini hoto."

"Odile... aro na yi, na rantse."

"Na sani. Ni ma aron zan yi."

A bango, allura ta fara kankare ƙeyar. Ƙir. Ƙir. Sanyi ya tsaga masa kai.

Ya laluba sunan mahaifiyarsa a cikin kansa. Babu.

Da rarrafe ya hau matakala.

Washegari ya tsaya gaban mutum arba'in. "Jama'a, fim ɗin nan na Odile Kermarrec ne. Sata na yi. Jiya ta zo mini da kanta."

Sai tafi ya ɓarke.

Wani mai gemu ya rungume shi. "Kai, maigida, ka iya shege! Ka ƙirƙiri matacciya, ka ɗora mata aikinka!"

"Gaskiya nake faɗa, ɗan'uwa!"

"Haka nake so! Kar ka fita daga wasan!"

Sau shida yana tona kansa, sau shida ana yaba basirarsa. Bayan kowane tafi yakan nemi wani abu a kansa ya rasa: titin da aka haife shi, muryar 'yarsa.

Makon jiya ya sake hawa dandamali don ya faɗi sunanta. Ya buɗe baki, sunan ma babu. Ya daɗe a tsaye, hawaye na zuba.

Tafin ranar ya fi na kullum.