Ramuka Biyu a Bangon Majami'a

Da la'asar sakaliya Sambo kafinta ya ɗauki kwandon laka ya nufi majami'ar ƙauyensu, can gabas da Dungas. Zamanin Faransa ne, masu bi duka-duka ba su kai ashirin ba. Ginin tubali ne mai bakan gizo biyu da rufin azara, dakalai takwas a ciki, ƙararrawarta tsohon ƙarfen ƙafar kamiyo, wato babbar mota. Magina Musulmi ne suka gina ta, suka bar rami ɗaya a ƙasan bangon gabas, ɗaya a na yamma. Sun ce ginin ya zauna kan hanyar mutanen ɓoye, waɗanda ke wucewa tabki da almuru.

Sambo kuwa, shekara biyu kacal ya yi yana karatu a lakwal ɗin mishan, amma kai ka ce shi ya haifi boko. Ran Lahadi Baturen mishan zai zaɓi dattijon majami'a, shi kuma ya ƙwallafa rai. Ya ce bari ya toshe ramukan jahilai, Bature ya ga wayayye.

Tsohuwa Daso mai shara ta gan shi. Ta ce in ma ya nace, ya fara da na gabas, ta nan suke shigowa. Ya yi tsaki, ya ce tsohuwar da ba ta san baƙi ko ɗaya ba ce za ta koya masa aiki? Don ya ƙuntata mata, ya fara da na yamma.

Ya cika shi taf, yana shafewa yana fito. Kafin ya gama, rana ta faɗi.

Tsuntsayen da ke cikin azara suka yi tsit.

Ta ramin gabas wani wari ya shigo, irin na jiƙaƙƙen toka. Sai taku. Ƙanana, ba takalmi, masu yawa. Bai ga kowa ba, amma ƙasar daɓe tana lotsawa.

Suka iso bangon yamma suka tsaya. Na baya ba su daina shigowa ba.

Ya ruga ƙofa. Ciki take buɗewa, ga shi an cika ɗakin. Ya ja, ko motsi.

Numfashi mai sanyi a gwiwarsa. A ƙugunsa. A wuyansa.

"Malam," in ji wata murya ƙasa-ƙasa, "yaranmu na jin ƙishirwa."

Wayayyen namu ya jiƙa wando. Ya rarrafa, ya dinga yaƙushin lakar da yatsu har farce ya fita. Da ramin ya buɗe, hannunsa na dama na ciki. Ta kan hannun suka bi, ɗaya bayan ɗaya.

Daso ce ta jawo shi waje. Hannun bai sake riƙe zarto ba.

Ran Lahadi Bature ya zaɓe shi, don an ba shi labarin himmarsa. Ya miƙa masa makullin majami'ar gaban jama'a, ya ce aikinsa na farko shi ne ya ƙarasa toshe ramukan nan.

Sambo ya dubi bangon gabas. Ya ajiye makullin kan dakali da hannun hagu, ya koma sahun baya ya zauna.