Wa'azin da Ake Aikowa Ranar Alhamis

A ƙofar cocin Saltby suka fara haɗuwa, ana yayyafi. Letty, 'yar Rabaran Harbottle, ta dubi hannun sabon mataimakin mahaifinta, ta ga yatsunsa baƙi ƙirin da tawada, ta miƙa masa hankicinta. Daga ranar ta raɗa masa Mai Tawada. Sunansa Crispin Dodd, mai in'ina ne, godiyar ma sai da ta maƙale masa.

Da aka shiga coci Rabaran ya hau mumbari, sai Crispin ya gane kalmomin. Wa'azin nan da mutane ke zuwa ji daga ƙauyuka biyar, shi ya rubuta shi. Akwai wani gidan ɗab'i a Landan da yake rubuta wa, su kuma su buga yadda ya rubuta da hannunsa, su aika wa limaman coci a rufe kowace Alhamis, babu suna. Kowa na saye, ba mai faɗa.

Soyayya ta yi nisa, Crispin ya je neman auren Letty. Rabaran ko kujera bai ba shi ba. Ya ce limamin da ba ya iya haɗa jimla biyu a gaban jama'a ba zai taɓa samun cocin kansa ba, ga ɗan mai gonakin garin kuma yana ta zarya wurinta.

"Ka riƙa sauraron nawa, yaro, ko ka koyi wani abu."

Crispin ya ce to.

Nan fa ya rasa mafita. In ya yi magana, ya tozarta uban wadda yake so. In ya yi shiru, ya rasa ta. In ya daina rubutun, tsohon zai hau mumbari hannu wofi. Haka ya riƙa zama kowace Lahadi yana jin maganarsa a bakin mai raina shi.

Letty ta ɗauka tsoro ne. Ta sa masa takarda cikin littafin waƙoƙi:

"Mai Tawada, Baba ya wulaƙanta ka, ka ce to. Ni ma haka za ka bar ni da to?"

Ya amsa: "Letty tawa, akwai abin da in na faɗa zan same ki, amma ba za ki yafe mini ba. Ki yi haƙuri da ni."

Wata biyu ba ta kula shi ba.

Sai idon Rabaran ya fara rauni. Ran wata Alhamis ya rufe ƙofa, ya miƙa wa 'yarsa ambulan ɗin wa'azin yana kallon ƙasa, ya ce ta kwafe masa da manyan haruffa, kada kowa ya ji. Wa'azin a kan jinƙai ne. A shafi na uku ta tarar da labarin wani baƙo mai ƙazamin hannu, da aka miƙa wa farin hankici a ƙofar coci ana yayyafi.

Ta ɗauko wasiƙar Crispin ta ajiye kusa da wa'azin. Rubutun hannu ɗaya.

"Baba, sa tabarau ɗinka."

Tsohon ya daɗe yana kallo, sannan ya aika a kira Crispin. Wannan karon ya ba shi kujera.

"Tun yaushe ka sani?"

"Tun Lahadin farko, Rabaran."

"Ka bar ni ina cewa ka koya a wurina?"

"Ai ka fi ni iya karanta shi."

Letty ta yi dariya da hawaye a fuska.

Bayan bikin Ista aka ɗaura auren. Rabaran ya hau mumbari da 'yar guntuwar takarda, ya yi wa'azi layi huɗu, ya yi tuntuɓe a biyu. Mutane suka kalli juna, ba su taɓa jin ya yi marar daɗi haka ba. Ya sa musu albarka, ya roƙa musu zaman lafiya da zuriya. Da ya sauko ya kama hannun angon, ya sunkuyo kusa da kunnensa.

"Ɗana, wannan ni na rubuta."