Albasar da Wasila Ta Jefa

Albasa ce ta haɗa su, a cikin waya kuwa. Matasan lambun Badaguishiri da na Dogarawa suka shirya bidiyo: wannan ya jefa albasa daga garinsu, wancan ya cafe a nasu, sai a haɗe hotunan. Wasila ta jefa, Shamsuddin ya cafe. Tun da ya ga murmushinta, bawan Allah ya kasa zaune ya kasa tsaye.

Su ashirin ne a ciki, kowa ya tura wa danginsa. Kafin Juma'a har Abijan an gani.

"Mai albasata, kin jefe ni kin tafi, wa zai yi jinya?" ya rubuta mata.

"Raki! Maido mini abata," ta amsa.

Wata biyu suna haka, ko ido ba su taɓa haɗawa ba. Sai Zaidu, wanda ta ƙi tun bara, ya kai wa mahaifinta Malam Chindo bidiyon.

"Ɗiyata a lambu guda da namiji, duniya na kallo? In dai ni na haife ki, ba ki auren wanga yaro!"

Ta rantse ba su taɓa haɗuwa ba, ya ƙi ji, ya ƙwace wayar. Kwana tara tana kai da kawo a tsakar gida, tuwo ma ba ya shiga.

Ran na goma Shamsuddin ya zo ya durƙusa a zaure, ya miƙa wa Malam goro.

"Baba, ban zo gardama ba. Jefa goron ga gefe kawai."

Tsoho ya jefa don a rabu da shi. Yaro ya ɗauki bidiyon jifar, ya ɗan taɓa waya ya miƙa masa. Ga goro ya bar hannun Malam, ya faɗa tafin ƙanensa Ubaidullahi, wanda ya shekara sha ɗaya a Abijan. Ashe shi ma ya ga bidiyon albasar, ya nemo Shamsuddin yana cigiyar gida.

Malam ya kalla sau uku.

"Ubaidu ya yi furfura," ya ce. "Wasila! Zo, uwata. Na zalunce ki, ki yafe mini."

Bayan an cire albasa aka ɗaura aure. Ubaidullahi ya zo da kansa ya yi waliyyi, Malam ya damƙa masa goro hannu da hannu, ya daɗe bai saki ba.

Allah ya ba su zaman lafiya da zuri'a mai albarka.