Farar Takarda a Cikin Ƙwallon Ulu

"Me na yi maka, Lukuman?"

Uwaliya na tsaye a bakin rumfarsa ta gwanjo a kasuwar Gwarzo. Wata biyar ke nan da ɗaura aurensa da ƙanwarta Asta, sai yau ta iya buɗe baki.

"Ni za ki tambaya?"

Ya zura hannu a aljihu, ya ajiye wani abu a kan dilar kaya. Jar ƙwallon ulu ce, an tsaga ta biyu da reza.

Aikin hannunta ne.

Tun da masaƙa ta sallami babansu, Malam Datti, suka dawo Dugabau ya koma koyar da allo, sana'ar nan ke riƙe da gidan. Malama Hanna, 'yar Filato mai koyarwa a firamare, ita ta koya mata. A warware tsohuwar rigar sanyi, a tsefe zaren ya yi laushi, a dunƙula, a tsoma a ruwan zafi da sabulu, a yi ta murzawa tsakanin tafuka har ya kame. Mata na saya wa jarirai. Lukuman ne ke zaɓo mata rigunan. Sai ya ƙona silin zare ya shinshina, in ya ji ƙaurin gashi ya ce, "Wannan ulu ne na gaske, ranki ya daɗe. Na roba ba ya kamewa."

A haka suka fara.

Malam Datti ya ce ba zai ba da 'yarsa ga mai yawo da buhu a ka ba. Shekarar da aka ƙaddamar da Shari'a kuma ya hana zance a ƙofar gidansa. Sai Uwaliya ta koma naɗe wasiƙa a leda, ta sa a tsakiyar ƙwallo, Malama Hanna ta kai.

Saƙon Lukuman na ƙarshe gajere ne. Ranar Juma'a zai bi mota zuwa Fatakwal. In ta ce ya tsaya, zai tsaya ya sake turo manya.

"Ga amsarki nan," ya ce. "Buɗe."

Ta warware takardar. Babu ko harafi, sai wani dishi-dishin toka.

"Wallahi na rubuta!"

"Uwaliya..."

"Na rubuta, Lukuman! Na ce kar ka tafi, masoyina, ko shekara goma ce zan jira!"

"Shekara uku ina duba takardar nan a rana, ko zan ga wani abu. Da na dawo na nemi Asta, Malam ya ce ke ce babba. Na ce ai ta riga ta ba ni amsa."

Nan ta tuna. Ranar nan bironta ya ƙafe, sai ta ɗauki alƙalamin kara da tawadar babanta. Tawadar da don a wanke ta ake yin ta! Ruwan zafi kuwa ya motse ledar ya shige.

Ta kuma tuna wadda ta karɓar mata murzar ranar, saboda tafukanta sun tsattsage da sabulu.

Ba ta yi masa sallama ba. A ƙafa ta isa gidansa da ke bayan tasha.

Asta na zaune tana tsince shinkafa, cikinta ya fara tasowa.

"Yaya! Sannu da zuwa, ya hanya? Ya su Inna?"

"Wane launi ruwan ya yi?"

"Wane ruwa?"

"Ranar jar ƙwallo."

Faifan ya suɓuce daga hannun Asta.

"Baƙi..." ta ce da ƙyar. "Baƙi ya riƙa fitowa ta tsakanin yatsuna."

"Kika yi shiru."

"Ban taɓa takardarki ba, Yaya! Ban yi ƙarya ba, ban ce komai ba!"

"Kika zubar da ruwan kafin in shigo."

Asta ta durƙusa ta riƙe ƙafafunta. "Ina son sa tun kafin ki san shi. Don Allah ki rufa min asiri. In ya ji, yau zai sake ni!"

Uwaliya ta dubi cikin. Ta san babu malamin da zai haɗa ya da ƙanwa ƙarƙashin miji ɗaya. Hanyarta zuwa ga Lukuman guda ce, kuma ta kan wannan yarinyar ta bi.

Sallamarsa suka ji. Ya biyo ta, ko rumfar bai rufe ba.

"Uwaliya, gaya min gaskiya. Wa ya taɓa ƙwallon nan bayan ke?"

Asta ta ƙara ƙanƙame ƙafafun Uwaliya.

Uwaliya ta daɗe tana kallon tafukanta.

"Ni kaɗai na murza ta," ta ce. "Ruwa ne ya wanke."

Lukuman ya jingina da bango, ya rufe fuska.

Ta ɗaga Asta, ta kakkaɓe mata zani. A bakin zaure ta juyo.

"In ka samu ulu na gaske ka aiko min. Fari. Zan yi wa jaririn tasa ƙwallon."

"Uwaliya..."

"Babu komai a cikinta. Kar ka tsaga."