Inda Alamin Ya Yanke

Wani tsoho ne Alamin ya je ɗauka a fim a unguwar Dembe ta Njamena, ba yarinya ba. Sana'arsa ke nan, ya ɗauki fim na tarihi, ya haɗa shi a kwamfuta. Wannan karon a kan jikokin mahajjatan da suka taso daga Kano a ƙafa suka tsaya Njamena yake yi. Tsohon, Malam Yunusu, na cikin ba da labarin kakansa sai 'yarsa Lauratu ta gifta gaban kyamara da tiren shayi.

"Malama, kin ɓata min ɗauka."

"Kai ka kafa ƙarfenka a hanyar mutane."

Daga ranar Alamin ya kasa zama wuri ɗaya. Kullum sai ya ce murya ba ta fito ba, ya taho tun daga unguwar Gassi a bas ya sake ɗauka. Har ta turo masa saƙo: "Mai kyamara, Baba ya gaji da maimaita labari. In ni kake so, turo manya."

Ya turo, aka sa rana.

Sai aka haska fim ɗin a unguwa. Tsoho ya yi doguwar magana, Alamin ya bar masa 'yar kaɗan. Ya yanke daidai inda ya ce, "Nan jakin kakana ya mutu, nan ya tsaya." Jama'a suka kwashe da dariya. Sauran maganar, cewa kakan jinyar abokan tafiya ya tsaya yi har tsufa ya cim masa, duk babu.

Washegari aka mayar da kayan sa rana. Malam Yunusu ya ce, "Wanda ya mai da kakana abin dariya ba zai auri 'yata ba."

Saƙon Lauratu ya shigo: "Habibi, Idris ɗan kawu ya fara zarya gidanmu. Ko abinci na kasa ci. Yi wani abu."

Alamin bai iya roƙo ba. Kwamfutar ya ɗauko, ya dire gaban tsohon.

"Baba, na yi kuskure. Ga maganarka duka. Lokacin da gidan talabijin ya ba ni ɗan kaɗan ne. Zaɓa da kanka."

Tsoho ya harare shi, sannan ya gyara zama. Tun hantsi suke abu ɗaya.

"Cire wannan. A'a, mayar! Wa ya ce ka taɓa gwaggona?"

"To wa za mu cire, Baba?"

Lauratu na bayan labule, hannu a ƙirji.

Bayan la'asar tsoho ya sauke numfashi. "Cire jakin, bar majinyatan. Kai, wannan aikin naku babu tausayi. Ka ce wa manyanka su dawo da kayansu."

Ran Asabar aka ɗaura aure. Malam Yunusu ya riƙe hannun ango.

"Allah ya yi muku albarka. Ya kai ku inda kakana bai kai ba."