Mijin da Ba Zai Taka Karare Ba

"Ɗauki ki kalla," in ji Malam Barau, ya ajiye wayar a kan tabarmar da ɗiyarsa Zuwairatu ke ɓarar gyaɗa.

Ba ta so ɗauka ba. Tun safe matan Karare ke shigowa aron turmin da ba sa buƙata, suna mata kallon gefen ido.

Mannir ne. Mannir ɗinta, durƙushe a gindin wata bishiya gaban wasu masu bindigogi, yana faɗa musu gidan da ke da shanu da gidan da aka sayar da gero. Da ya gama sai ya yi wata dariya mai sa tsigar jiki tashi.

"Baba, fim ne fa..."

"Na san fim ne, ni ba yaro ba ne. Dubi kanshi."

Ta duba. Hular da ta ɗinka masa ce, mai zare kore da ruwan ƙasa. Damina guda ta yi tana ɗinkinta a tsakar gidan nan, babu matar da ba ta ɗaga ta yaba ba.

Mannir ɗan Safana ne, ya daɗe a Kano yana harkar fim, amma ba irin waɗanda ake manna hotonsu a bayan Keke Napep ba. Allah ya ba shi doguwar fuska da idanu a ciki, daraktoci kuwa suka ce sun samu nasu. Shi ne mugun kawu, shi ne dillalin ƙarya, shi ne mai gadin da ke buɗe wa ɓarayi ƙofa. Kafin fim ya kai rabi an kama shi ko an kashe shi. Kowa ya san fuskar, ba wanda ya san sunan. Kuma irinsu ba a ɗinka musu kayan wasa, cewa ake, "Ka zo da kayanka na ƙauye." Shi kuwa bawan Allah ya ɗauko hular da ya fi so a duniya ya sa.

Wanda ya yi aikin ma ba ɓoyayye ba ne. Sadiq, ɗan ƙanwar Malam, mai shagon tura fina-finai a kasuwar Batsari, shi ya yanke farko ya yanke ƙarshe, ya cire kiɗan, ya tura wa jama'a a matsayin asirin ɗan rahoton 'yan bindiga ya tonu. Sau biyu yana neman Zuwairatu tana ce masa ya yi haƙuri.

"Gari duk cewa ake hular gidan Malam ce," Malam ya ce a hankali. "Gidan da aka kashe ma Lawal a gona. Yayanki ke nan, Zuwaira. Irin wanga mutum ya nuna masu hanya, yanzu wanda za ki aura shi ke kwaikwayonshi yana cin abinci."

"Wallahi ba halinshi ba ne, Baba."

"Ni na sani. Je ki faɗa ma masu gora."

Da la'asar ta hau tudun bayan makarantar Islamiyyar da take koyarwa, inda ake samun sabis, ta kira shi.

"Malamata," ya ce, muryarsa a dushe. "Na gani. Tun jiya ban ci komai ba."

"Yaya Mannir, duk hulunan duniya..."

"Ita kaɗai gare ni mai kyau, Zuwai. Na ce ko ba a rubuta sunana ba, in kin kalla za ki ga hannunki."

Ta yi niyyar faɗa, sai ta ji ba ta da ƙarfinsa. Ta gaji. Ta gaji da jiran babban fim ɗin da kullum ake cewa shi ne zai fito da shi, ta gaji da ƙannenta na aure tana wanke musu tukwane, ta gaji da kare mutumin da aikinsa shi ne a tsane shi.

"Me ya sa ka karɓi wasan tun farko?"

"Da ban karɓa ba wani ɗan birni za a ba, ya mai da abin barkwanci. Ni na san yadda 'yan rahoton nan suke magana. Irinsu ne suka tashi ƙauyenmu. Zan zo ranar kasuwa in yi wa Malam bayani da bakina."

"Kada ka zo."

"Shekara nawa ina mutuwa a fim, Zuwai? Ba zan mutu a tasha ba."

"Don Allah, masoyi, kada ka zo..."

Ya zo.

Da hantsi ranar kasuwa wani ɗan acaɓa ya faɗo zaure ko sallama babu, ya ce an tare mutumin cikin waya a tashar Batsari. Malam bai nemi babbar riga ba, ya haye bayan babur ɗin da 'yar shara. Zuwairatu ta zauna a bakin murhu har tuwon ya ƙone ba ta ji ƙauri ba.

Sai bayan azahar suka dawo, Mannir a tsakiya, Malam na riƙe da shi ta baya kamar buhun taki. Ɗan acaɓan ne ya ba matan gida labari: Malam ya kutsa cikin taron ya kwanta a kan Mannir, ya ce duk mai son dukansa ya fara da uban Lawal. Da aka ga furfurarsa a ƙasa, gorori suka sauka. Sadiq kuwa ya rufe shago tun kafin a watse.

Ta kai ruwan zafi zaure. Leɓensa ya kumbura, ido ɗaya a rufe.

"Kin ga," ya ce yana ƙoƙarin murmushi, "wannan karon ba jan kala ba ne."

Ta durƙusa tana gasa masa fuska, hawaye na ɗiga cikin kwanon.

"Malam," Mannir ya juya da kyar, "na bar fim. Daga yau. In gona ce zan yi, a ba ni fartanya."

"Ka bar shi, shi ya bar ka?" Malam ya girgiza kai. "Abin nan ya kai Darini, ya kai Tsaskiya, ya shiga wayar da ba ta san ni ba. Yau na ci sa'a waɗanda suka tare ka na koya ma karatu. Gobe fa? Ka riƙe sana'arka, ɗana, ita ka iya."

Ya dubi ɗiyarsa.

"Zuwaira, ina tambayarki gaban shi. Kina son shi har yanzu?"

"Ina son shi, Baba."

"To ki ji sharaɗina, don ba mai daɗi ba ne. Zan ɗaura maku aure. Amma ba zai sake taka ƙasar nan ba, ba Sallah, ba suna, ba ta'aziyya. Ke ma ba za ki riƙa zarya ba, don duk mai neman shi ta kanki zai bi. Na binne ɗa guda. Ba ni iya kwanciya kan mutum sau biyu."

"Baba, to wa zai riƙa dama maka fura? Wa zai..."

"Wannan ba ya cikin abin da na tambaye ki."

Ta dubi Mannir, ta dubi mahaifinta da ƙasar tasha har yanzu a gemunsa. Ta taɓa zaton ranar da zai amince za ta yi rawa a tsakar gida. Ga ranar ta zo, babu rawar.

"Na yarda," ta ce.

Ranar Juma'a aka ɗaura, ango na Kano yana jinya, kawunsa Haliru ya karɓa masa. Ba kiɗa, ba guɗa. Washegari da safe aka ɗaure akwatinta a bayan babur, Malam ya rako ta har bakin gonar gero, abin da uba ba ya yi.

"Baba, in abin ya lafa zan zo."

"In ya lafa," ya ce.

Ya gyara mata bakin hijabin da ya kusa shiga taya, ya ja baya.

"Ranar da kuka ji na rasu, ku yi mani addu'a daga can. Tana isowa." Ya dubi ɗan acaɓan. "Ja, malam, rana na yi."